Shekarar da Aka Fara Kiran Auta Dokta

Ƙanena ne ya saya wa Inna parabol, farantin nan da ake kafawa a kan rufi don kamo tashoshin waje, a shekarar da ya samu aiki a tashar jiragen ruwa. Ya ce don ta riƙa kallon sallar Makka daga kan tabarmarta. Mu biyu ne muka rayu a cikin 'ya'yan Inna, kuma da yake shi ne na ƙarshe, kowa Auta yake ce masa, har abokan aikinsa da ba su san ma'anar kalmar ba. Babanmu fataucin goro ne ya kawo shi Abidjan yana saurayi. Ya rasu Auta yana firamare, ya bar mu a ɗaki biyu a wani gidan haya a unguwar Bracodi, cikin yankin Adjamé.

Gidan irin na Adjamé ne, ɗakuna a kewaye, tsakar gida a tsakiya, famfo ɗaya na kowa da kowa. Akwai Julawa, akwai Mosawa, akwai wata Bauliya mai soya ayaba, wato alloko, a ƙofar gida, sai mu. A tsakar gida Faransanci ake yi da Julanci, Hausa kuwa sai mun shiga ɗaki. Ni da Auta mun yi boko, muna jin Hausa muna mayarwa, amma da magana ta yi nauyi Faransanci ne ke fara zuwa bakinmu. Inna kuwa Faransancinta na kasuwa ne, iya na ciniki da gaisuwa. Ni da ita muke zama a rumfarta muna sayar wa teloli zare da maɓalli da zik. Mijina direban babbar mota ne a hanyar Bamako, ya fi kwana a hanya fiye da gida, shi ya sa nake wajen Inna a lokacin.

Auta yana tuƙa ƙaramar motar ɗaga kaya a wani sito na koko a Treichville. Idan ya dawo, tun daga ƙofa ake jin tsamin koko a rigarsa. Ba shi da hayaniya. Ba ya shan taba, ba ya zaman mashaya, sallarsa ba ta wuce shi. Abokinsa ɗaya ne, wani Bahaushe ɗan Nijar mai sayar da tikiti a tashar motocin Bassam, dogo, mai yawan dariya, wanda ba shi da kowa a garin. Shekara da shekaru a gidanmu yake cin tuwon dare. Inna “ɗana” take ce masa, ta san ba ya son kuɓewa, idan ta yi miyarta sai ta ware masa ta kuka. Ranar Lahadi sukan tafi bakin teku a Bassam, ta ƙulla musu acheke, dambun rogon nan, da soyayyen kifi. Suna fita daga gida riƙe da ƙaramin yatsan juna, kamar yadda maza da yawa suke yi a lokacin, har tsofaffi idan an taso daga Juma'a. Ba wanda ya taɓa waiwayawa ya kalle su.

Ɗakinmu akwai zafi, don haka da la'asar ta yi sanyi sai a fito da tele baranda. Matan gidan su jawo kujeru 'yan tsuguno, wata da tsintar shinkafa, wata da kitso a hannu. Sallar Makka ba ta samu rabon da aka saya mata ba. Abin da ya kama gidan shi ne wani wasan kwaikwayo mai dogon zango daga wata ƙasa mai nisa, an juya muryoyin zuwa Faransanci, baki yana motsi daban magana tana fita daban. Labarin wani gidan masu kuɗi ne, da rigimar gado, da 'yar gidan da aka yi ta ɗaga bikinta. Ƙaramin ɗan gidan likita ne, mai sanyin hali, mai jin maganar uwarsa. Matan gidanmu sun fi son shi da kowa. Kullum suna zaɓa masa mata a cikin 'yan matan shirin, har gardama ake yi.

Wata yamma aka nuna likitan a gidan cin abinci tare da wani mutum mai koyar da kiɗa. Suna cikin hira sai likitan ya miƙa hannu ya ɗora a kan hannun mutumin, ya bar shi a nan. Suka dubi juna, kuma duk wanda ya taɓa son wani ya san irin wannan kallo. Mai alloko ce ta fara sheƙewa da dariya, wata ta tofar da yawu, wata ta kori 'ya'yanta ɗaki. Inna ta yi a'uziyya. Amma ba wanda ya tashi ya canza tasha, domin kowa yana son ya ga ko za a ɗaura auren 'yar gidan.

Auta yana bakin famfo yana alwalar magariba. Na juya na gan shi tsaye da buta a hannu, ta cika ruwa yana zuba a kan takalminsa, idonsa a kan tele. Ba tsoro na gani a fuskarsa ba. Ya yi kama da mutumin da ya daɗe a baƙon gari sai ya ji wani ya yi magana da harshensu. A wannan yammar na gane abin da na daɗe ina gani ban ba shi suna ba.

Daga nan ya fara dawowa gida da wuri. Ba ya zama da mata, sai ya tsaya daga ƙofar ɗakinsa yana goge takalmi ko yana duba wayarsa, har a gama. Abokin nasa kuwa da an fara shirin sai ya ce zai je sayen kati, ba ya dawowa sai an kashe.

Mai alloko ce ta fara faɗa, kuma da wasa ta faɗa. Auta da abokinsa suna fita wata Lahadi da ƙullin abincinsu, ta ce ga Dokta nan da malamin kiɗansa. Aka yi dariya, Inna ma ta yi, ta ce Allah ya shirye ki. Sunan ya bi shi. Da farko a gidan ne kawai, sai ya fita layi, sai masu kiran fasinja a bakin gbaka, ƙananan motocin hayar garin, suka ɗauka. Dokta, ina asibiti? Dokta, ina madam? Akwai kalmar da 'yan Abidjan suke kiran irin waɗannan maza, wubi, mun san ta tun muna yara, amma a tunaninmu ta masu kwalliya ce da rangwaɗa, waɗanda ake gani a wasu unguwanni. Ba wanda ya taɓa kawo ta kusa da mai sallah, mai tuƙa motar sito. Shirin ne ya koya wa unguwa cewa mutum yana iya zama mai natsuwa, mai biyayya ga uwarsa, kuma ya zama haka. Tun daga lokacin idon mutane ya buɗe a kan kowa. Samari biyu da suka haɗa kuɗin haya ɗaki ɗaya sai an tambaya. Riƙe hannu ya ɓace daga titi ban san ranar da ya ɓace ba. Har limaminmu da na'ibinsa, da suka tsufa suna tafiya hannu cikin hannu, na lura kowa ya koma riƙe carbinsa.

Abokin Auta ya rage zuwa. Idan ya zo ba ya zama, ya gaida Inna daga tsaye ya tafi. Ta yi ta mita, tana cewa ko ta yi masa wani laifi ne.

Can wajen ƙarshen shirin likitan ya faɗa wa uwarsa. An ja abin kwana da kwanaki, ta kore shi, ta yi rashin lafiya, ta rufe kanta a ɗaki. Rannan ana shirya teburin cin abinci sai ta ce wa 'yar aiki ta ƙara faranti ɗaya. Ta je da kanta ta buɗe wa malamin kiɗan ƙofa. Matan gidanmu da suka yi ta tsine wa likitan, rabinsu suna share hawaye da bakin zane. Inna ma ta yi kuka. Ta jijjiga kai ta ce, da Hausa, ita kaɗai, “Uwa dai uwa ce. Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar.”

Auta yana ƙofar ɗakinsa. Ya ji.

Bayan 'yan kwanaki na je Treichville sarin zare, ya ce in jira shi mu dawo tare. Maimakon gbaka sai ya ce mu shiga jirgin fasinja da ke tsallaka tafki. Muna tsaye a baya inda ƙarar inji take rufe magana, ya faɗa mini. Bai yi dogon bayani ba, ya ga na riga na sani. Ya ce shi da abokinsa sun fi shekara biyar. Ya ce kafin shirin nan yana zaton wata cuta ce da ta same su su biyu kaɗai a duniya, kuma idan sun mutu ta mutu. Yanzu ya nemo wasu shirye-shiryen a waya, waɗanda gaba ɗayansu labarin irinsa ne, mutane masu aiki da gida da maƙwabta, suna faɗa suna shiryawa, suna tsufa tare. Ya ce bai taɓa sanin ana tsufa a haka ba. Sannan ya ce zai gaya wa Inna.

Na roƙe shi. Na ce kukan da Inna ta yi na ɗan wata ne, a wata ƙasa, wanda ba za ta haɗu da uwarsa a wajen suna ko ta'aziyya ba. Na ce matar cikin tele ba ta da yaya malami, ba ta da rumfa a kasuwa, ba ta tara ruwa a famfo ɗaya da gida goma. Na tambaye shi ko abokin nasa ya yarda. Ya ce bai yarda ba, amma zai gane daga baya.

“Yaya, da kunnena na ji ta,” in ji shi. “Ba wanda ya sa ta. Ita ta faɗa.”

Ranar wata Asabar ce da hantsi, ba mu fita kasuwa ba saboda ruwan sama. Inna tana zaune a ɗaki da faranti a cinya tana tsintar wake. Ya shigo ya durƙusa a gabanta kamar mai neman gafara, ya fara magana da Hausa, ya kai tsakiya ya tsaya. Sai ya koma Faransanci. Ya yi magana mai tsawo, mai kyau, na san ya daɗe yana shirya ta, wasu jimlolin ma na taɓa jin irinsu a bakin likitan. Ya ce shi ɗanta ne kamar jiya, bai canza ba, ya gaji da yi mata ƙarya ne kawai. Inna tana kallonsa, ta tsinci kalma nan da can. Da ya gama ta juyo gare ni. Ba ta kiran sunana, ni ce 'yar fari.

“Ke, me yake cewa?”

Na nemi kalma a Hausa. Biyu na samu, ɗaya zagi ce, ɗaya sunan zunubi ne da malamai ke ambata a wa'azi. Ba wadda zan iya ɗora wa ƙanena yana durƙushe a gabana. Shi ma ya dube ni yana jira. Na ce, “Inna, cewa yake, shi da ɗanki na tasha, kamar likitan nan ne.”

Ba ta yi ihu ba, ba ta yi kuka ba. Ta mayar da kanta kan faranti ta ci gaba da tsintar wake, tana fitar da tsakuwa tana ajiyewa a gefen tabarma. Mun daɗe a haka, ruwa yana dukan kwano. Can ta ce ba ta ji abin da aka faɗa ba, kuma kada a maimaita. Ta ce a kira mata yayanta.

Kawu malami ne, yana da makarantar allo a zauren gidansa kusa da masallacin da yake limanci, kuma shi ya tsaya mana tun rasuwar Baba. Ba mugu ba ne, ban taɓa ganin ya ɗaga wa Auta hannu ba. Ya zo da yamma, ya saurara, ya daɗe yana shafa gemu. Abin da ya faɗa ban manta ba. Ya ce shi ba yaro ba ne, shekara arba'in yana garin nan, ya ga irin wannan a cikin 'yan kasuwa, ya gani a cikin alhazai, wasu ya yi musu sallar gawa da hannunsa. Sun yi aure, sun haifu, sun rufa wa kansu asiri, jama'a ta rufa musu, hisabinsu yana wajen Allah.

“Abin da Allah ya rufe, kai wa ya aike ka ka buɗe?” ya ce. “Da ka yi shiru, da mu ma mun yi shiru har mu mutu. Yanzu ka sa mun sani. Wanda ya sani kuwa dole ya yi magana.”

Ya ce tele ce ta cuce shi, ta koya masa cewa komai sai an faɗa. Ya rubuta masa rubutu, Auta ya sha, makonni yana sha ba musu. Ya yi azumin da aka ce ya yi. Da aka zo maganar aure ne ya ƙi. Kawu ya ce akwai wata bazawara mai hankali, ba za ta tambayi abin da ba a gaya mata ba. Auta ya ce ba zai ɗauko 'yar mutane ya ajiye ta ta zama labule ba. A nan magana ta ƙare. Ba wanda ya kore shi da baki. Inna dai ta daina cin abin da ya sayo, idan ya shigo ɗaki ta tashi ta tayar da nafila. Kafin wata ya ƙare ya samu ɗaki a Treichville, bayan wani sito, ya kwashe kayansa a tasi ɗaya.

Bango a gidan haya ba ya riƙe magana. Kafin mako ya zagayo labari ya kai tashar Bassam. Direbobi suka sa abokin nasa a gaba, wani ya rubuta kalmar nan da alli a jikin rumfar tikitinsa. Ya zo ya sami Auta a sabon ɗakin, ina nan na kawo labule da tukunya. Bai ko dube ni ba. Ya ce, “Ka faɗi naka, wa ya ba ka izinin faɗin nawa?” Ya ce shi baƙo ne, takardarsa ta zama ba ta da ƙarfi, ba shi da uwa a garin da zai gwada ta ya gani. Auta ya ce ai yanzu suna da ɗaki, ba wanda zai hana su. Mutumin ya yi wata dariya da ban taɓa ji daga bakinsa ba, ya ce wannan ba fim ba ne. Ya fita.

Da sallar layya ta zo ya tafi gida Nijar, ya dawo da mata. Har yau yana tashar, ya tara gemu, an ƙara masa girma, 'ya'yansa har sun shiga makarantar gaba da firamare. Hanyar Auta zuwa aiki ta gaban tashar take. Ya koma zagayawa ta bayan kasuwa, tafiyar ta ninka, shekara da shekaru haka yake yi. Ni idan na bi ta wajen mukan haɗa ido da mutumin, ya ce “Hajiya, ina wuni,” in amsa, ya ci gaba da yage tikiti.

Inna ba ta sa an sauke parabol ba. Ta mayar da tele ɗaki, ta bar ta a tashar Makka, ta samu abin da aka saya mata tun farko. Matan gida suka koma kallo a ɗakin wani maƙwabci da ya sayi tasa. Sunan Auta bai sake fita daga bakinta ba. Amma duk Juma'a takan dafa abinci fiye da cikinmu, ta zuba a kwano mai murfi, ta ture shi gefena ta ce ya yi mata yawa, in san yadda zan yi da shi. In ɗauka in shiga mota in tsallaka gada. Idan na dawo da kwanon a wanke ba ta tambaya, sai dai ta buɗe ta leƙa ciki. Auta ya daɗe yana ɗaukar wannan a matsayin alama. Yakan ce a shirin ma sai da aka ɗauki lokaci. Duk sallah yana ɗinka sabuwar riga ya zauna da waya a hannu ko za a ce ya zo.

Da ciwon suga ya kwantar da ita a asibiti, ni na kira shi ba tare da na tambaye ta ba. Ya zo da kayan aiki a jikinsa. Ta buɗe ido ta gan shi, ta bar shi ya riƙe hannunta, har ta shafa kansa ta ce ya rame. Na fita baranda na ba su wuri, ni ma a lokacin na ɗan yarda da tele. Da ya fito na tambaye shi. Ya ce ta yafe masa nonon da ya sha, ta kuma roƙe shi ya tuba kafin ya mutu don su haɗu a can. Ya ce mata to. Bayan kwana biyu ta rasu.

A wajen jana'iza ba wanda ya hana shi shiga sahu. Mijina ya gaya mini cewa na damansa da na hagunsa kowa ya ɗan matsa, aka bar tazara kamar ta mutum guda a kowane gefe, a sallar da ake cewa a haɗa kafaɗa. Da aka zo saka ta a kabari, ɗa ne ya kamata ya sauka. Wasu suka fara gunaguni. Kawu, da ƙyar yake tsayuwa a lokacin, ya daka musu tsawa ya ce ɗanta ne, ya sauka. Ya sauka. Zaman makoki kuwa a waje ya yi shi, a kan benci, can ƙarshen rumfa, masu gaisuwa suna wuce shi su zo wajen mijina.

Shekarun baya-bayan nan abin ya ƙara muni. Yanzu ba a jiran la'asar, kowa da telensa a tafin hannu. Irin shirye-shiryen da Auta yake ɓoyewa ya kalla, su ne ake yanko guntayensu ana turawa daga waya zuwa waya, da rubutu a ƙasa cewa ga abin da Turawa suke so su mayar da 'ya'yanmu. Akwai lokacin da garin ya ɗauki zafi, samari suna ɗaukar kansu a waya suna rantsuwa, ana bin masu gyaran gashi da masu ɗinki ana duka. Na ga irin wannan guntun a wayar 'ya'yana, su ma sun tura wa wasu. Da na yi magana suka ce ai ba da kawunsu suke ba. Mijina ya ce ba ya hana ni zumunci, amma kada Auta ya riƙa zuwa gidan, akwai 'yan mata da za a aurar.

A cikin wannan zafin ne wasu suka tare shi da rana tsaka a bakin sito, yana sayen garba, acheke da kifin da ake sayarwa a bakin titi. Ba su san shi ba, wani ne ya nuna shi ya ce Dokta ke nan. Ya rasa haƙora biyu na gaba, kunnensa na hagu bai ƙara ji sosai ba. Mai garban ne ya ja shi ya tura ƙarƙashin teburinsa. Bai kai ƙara ba. Ya ce idan ya je, tambayar farko da za a yi masa ita ce me ya sa aka kira shi haka.

Har yanzu ina kai masa abinci ranar Juma'a, yanzu daga tukunyata. Ya haura arba'in, furfura ta fito masa. Ɗakin yana da tsabta, katifa, darduma, fanka, tukunyar gas. Ba shi da kowa, kuma ya ce ba ya nema, ya gaji. Yana dawowa daga aiki ya rufe ƙofa, ya sa abin ji a kunnensa mai kyau, ya kalli mutanen nan na ƙasashen sanyi suna aure a gaban iyayensu, suna ɗaukar 'ya'ya, suna rigima a kan launin labule. Rannan na zauna muka kalli ɗaya tare. Wasu tsofaffi biyu ne, ɗaya yana yanke wa ɗaya farce. Na tambaye shi ko ba ya ƙara masa ciwo. Ya ce yana ƙarawa. Na ce to me ya sa ba zai bari ba. Ya ce idan ya bari, ba sauran inda zai ga an yi wa irinsa magana da daɗi.

Na taɓa tambayarsa ko da ya san haka za ta kasance da ya yi shiru. Ya ce wani lokaci yana ganin Kawu ya yi gaskiya, da yanzu yana da gida da 'ya'ya da wurin zama a masallaci, kuma da wataƙila ranar Lahadi har yanzu suna zuwa Bassam a matsayin aminai. Wani lokaci kuma yana ganin da ya mutu tun tuni. Ya ce bai san wanne ne daidai ba, kuma ya daina ƙoƙarin sani.

Abin da ya fi damunsa yanzu daban ne. Kawu kafin ya rasu ya aika masa cewa muddin yana raye shi zai yi masa wanka da sallah, ko da shi kaɗai ne a sahu. Kawu ya rasu bara. Watan jiya, ina haɗa kwanuka zan tafi, Auta ya ce, “Yaya, idan na riga ki, wa zai wanke ni?” Na ce ya daina irin wannan magana. Ya ce da gaske yake, mace ba ta wanke namiji, kuma ba ya son a bar shi a ɗakin ajiye gawa har hukuma ta gaji ta binne shi da waɗanda ba a san su ba. Ya roƙe ni in tambaya masa tun yanzu.

Na je wajen ɗan Kawu, wanda ya gaji makarantar da limancin. Tare suka yi wasan ƙwallo da Auta a layinmu. Ya karɓe ni da mutunci, ya sa aka kawo mini ruwa, na faɗa masa abin da ya kawo ni. Ya sunkuyar da kai yana jan carbi. Ya ce shi a ransa ba ya ƙin yi, amma jama'ar yanzu ba irin ta zamanin babansa ba ce, yaran da ke bin sa sallah duk suna da waya, kuma masallacin ba nasa ba ne shi kaɗai. Ya ce rai a hannun Allah yake, ba a san gawar fari ba, a bari lokacin ya zo tukuna.

Da Juma'a ta zagayo Auta ya tambaye ni me ya ce. Na faɗa masa yadda aka yi, ban ƙara ba ban rage ba. Ya gyaɗa kai, ya ce to, ya buɗe kwanon ya fara ci, yana tauna ta gefe ɗaya.